Hoton da Kawu Deraldo Bai Wanke Ba

Ranar Laraba, 16 ga watan Maris na shekarar 2011, da rana tsaka, Allah Ya karɓi ran Deraldo Sacramento dos Reis, mai ɗaukar hoto kuma masanin al'adun gidajen orisha, iskokin da kakanninmu suka zo da su daga ƙasar Yarabawa, a shagonsa da ke bakin kogi a nan garin Cachoeira, jihar Bahia. Ya rasu yana da shekara saba'in da takwas. An same shi zaune a kujerarsa, kansa a sunkuye, tsumman goge gilashi a hannunsa. Ƙanwarsa Dona Perpétua, wadda ta kai masa abincin rana, ta ce ta daɗe tana yi masa faɗa a kan barin taga a buɗe kafin ta lura yau ba ya ramawa.

Ni kuwa ina bakin tagar ɗakinmu da wani littafin soyayya, daidai inda jirgin ruwa ya tashi da saurayin ya bar budurwar a tsaye a gaɓa. Mijina Ubaldo ya shigo ba lokacin dawowarsa ba, bai ko cire takalman aiki ba. Ya tsaya a kaina, ya rufe littafin da hannunsa mai baƙin mai, ya ce, "Valdete, nemo fararen kayanki. Kawu Deraldo ya tafi." Har yau shatin yatsunsa na nan a bangon littafin, kuma budurwar na nan tsaye a gaɓa, domin ban koma na ga ƙarshenta ba.

Kawu, da kai zan yi magana, kamar yadda na saba kowace Asabar.

Ba mu haɗa jini da kai ba. Duk yaran da suka tashi a gidan Iya Honorina, uwar gidan orishanmu, Kawu muke ce maka. Tun kafin a haife mu Oshun, uwar kogi, ta nuna ka a tsakiyar rumfar rawa, aka ɗaga ka sama, aka ba ka kujera kusa da makaɗa. Kana cikin mazan da orisha ba ya hawa, waɗanda aikinsu shi ne su tsare gida, su san abin da ya halatta da wanda bai halatta ba.

Waɗanda suka fi ni ilimi za su rubuta yadda ɗan mai kwalekwale, wanda ya fara da hoton katin shaida a bakin kasuwa, ya shiga jirgin dakon taba ya tsallaka teku, ya yi shekaru a garuruwan Yarabawa, ya dawo mana da ragowar waƙoƙin da tsofaffinmu suka riƙe rabinsu kawai. Za su ba da labarin ranar da ka rera wa Iya Honorina ƙarshen wata waƙar da kakarta ta mutu ba ta ƙarasa koya mata ba, har ta juya fuskarta ga bango don kada mu ga tana kuka. Za su jera sunayen littattafanka. Ni sau ɗaya na gwada karanta guda, na dawo maka da shi bayan kwana biyu, na ce, "Kawu, sai shafi na nawa wani zai so wani a cikin littafin nan?" Ka yi dariya har tari ya sarƙe ka, ka ce, "'Yar Lina, littafin nan kaf soyayya ce. Masoyan ne dai ba su da gashin baki da farin doki."

Amma ba ka taɓa raina abin da nake karantawa ba. Duk lokacin da ka je Salvador yin magana a gaban malamai, sai ka biya ta wurin masu tsofaffin littattafai ka zaɓo mini biyu ko uku. Kana naɗe su da jarida, wai don kada a ga mutum mai furfura riƙe da hoton mace ta suma a hannun matuƙin jirgi. Daga baya na gane kana karanta su a mota, domin wata rana ka miƙo mini ɗaya kana cewa, "Wannan kada ki sa rai da likitan, munafuki ne."

Kyamararka irin ta da ce, wadda ake ratayawa a wuya ta sauka kan ciki, sai an sunkuya ake leƙa ta ta sama. Saboda haka duk wanda ka ɗauka, sai da ka rusuna masa: mai wanki, mai naɗin taba, mahaukacin da ke kwana a ƙarƙashin gada. Mutanen garin nan sun fi sanin tsakiyar kanka a kan fuskarka. Kuma kana da wata ƙa'ida wadda ba ka karanta ta a ko'ina ba, ba ka kuma taɓa karya ta ba: ba ka nuna wa kowa hoto sai mai shi ya fara gani.

Ina tsaye ranar da ka kai wa Dona Zefa mai ƙosai hotonta. Ka ɗauke ta ne hayaƙin manja ya lulluɓe ta, ta rufe ido ɗaya, kuma har wani ya zo daga Salvador yana roƙon ka ba shi ya rataye a babban ɗakin nuni, tun bai gani ba. Ta goge hannu da zane, ta karɓa, ta duba na ɗan lokaci, ta ce, "Deraldo, wannan ai uwata ce ranar da muka sa ta a akwati. Yaga shi." Ka yaga a gabanta, ka jefa baƙin fim ɗin a wutar kaskonta. Da mako ya zagayo ka koma, ka same ta ta sha sabon ɗankwali da 'yan kunne, ta ɗaga haɓa kamar matar gwamna, ka sake ɗaukar ta. A hanyarmu ta dawowa ka ce mini, "Wannan bai kama ƙafar wancan ba. Amma wannan nata ne."

Hoton aurenmu ma haka. Ubaldo ya ƙame kamar wanda za a yi wa allura, ka ƙi dannawa, kana sunkuye kana jira, har sai da akuyar maƙwabta ta ja igiyar takalminsa ya yi dariya. Shi ne kaɗai hoton da ke duniya wanda haƙoransa suka fito.

Duk garin nan kowa na da hoton da ka ɗauke shi a bango. Mutum ɗaya ce ba ta da shi, ita ce mahaifiyata.

Aurelina sunanta, Lina ake ce mata. Naɗin taba take yi a can tsallaken gada, kuma 'yar Oshun ce. Ina da shekara biyu aka yi ambaliyar da ta ci unguwarmu. Ta miƙa ni ga mutanen da suka hau matakalar coci, ta koma ɗauko wata tsohuwa makauniya da ke bayan gidanmu. Tsohuwar ta tsira. Ruwan ya tafi da mahaifiyata, ya tafi da ɗakinmu da akwatinta, har da katin shaidar da ke ɗauke da ɗan hotonta ƙwaya ɗaya. Iya Honorina ta ɗauke ni ta raine ni. Na tashi ban san fuskar da ta haife ni ba, sai na riƙa aro daga bangon littattafai. Wani watan mahaifiyata mai dogon gashi ce a kan dutse tana kallon teku, wani watan mai koren idanu ce da farar riga.

Na kai shekara goma sha biyu na shigo shagonka ba sallama, na ce ka ba ni hoton uwata, tunda an ce babu wanda ba ka ɗauka ba. Ba ka kore ni ba. Ka rufe shago, ka sauko da akwatuna, muka wuni muna dubawa. Abin da muka samu shi ne hannunta kaɗai, a gefen hoton wata mata, yana murza ganyen taba a kan katako. Da na fashe da kuka, sai ka kama hannuna muka shiga kicin, ka buɗe firij. A bayan man shanun Dona Perpétua akwai wani tsohon gwangwanin alewar gwaiba da aka naɗe bakinsa da baƙin tef, a cikinsa akwai fim ɗin hoto da ba ka wanke ba. Ka ce, "Tana cikin nan. Ko kuma ba ita ba ce."

Ranar ka ba ni labarin, kana kallon ƙasa. Bikin Oshun ne, da hantsi, a shekarar ambaliyar. Mata sun fito da kwandunan furanni za su kai kogi, ba a ko fara kiɗa ba, lokacin da babu laifi a ɗauki hoto. Mahaifiyata na gaba da kwando a ka, tana dariyar wani abu da aka faɗa a bayanta. Ka sunkuya, ka same ta a cikin gilashi. Sai wata tsohuwa ta ɗauko waƙa ba zato. Ka ga kafaɗun mahaifiyata sun karkaɗa, dariyar ta fara zama wata dariyar daban, kuma yatsanka ya riga ya tafi. Ka ce mini, "Ban san wanda ya riga wani ba, yatsana ko Oshun."

Kowa a gidanmu ya san ba a ɗaukar hoton wanda orisha ya hau. Fuskar a lokacin ba tasa ba ce, kuma shi kansa ba a ba shi labarin abin da jikinsa ya yi. Idan Lina ce a cikin fim ɗin, to nawa ne, gadona ne. Idan Oshun ce, babu idon da ya halatta ya gan ta a takarda. Kuma babu hanyar sani sai an wanke, wankewa kuwa gani ne. Ka kai maganar gaban Iya Honorina a ranar, ta zuba farin wurin da take duba da shi, wuri suka ce a jira. Ita mahaifiyata, da ta dawo hayyacinta, abin da ka faɗa mata kawai shi ne ka ɗauke ta da kwando. Ta ce, "To kada ka nuna wa kowa sai na gani, na san halinka, sai ka fito da ni da baki a buɗe." Damina ba ta ƙare ba kogi ya ɗauke ta.

Na yi fushi da kai shekaru, Kawu, ka sani. Na kira ka matsoraci a gaban Dona Perpétua. Na ce a littattafai namiji na ƙwarai yana karya doka saboda marainiya. Ka ce, "A littattafai ba a komawa gida a zauna da abin da aka yi." Sa'an nan ka ce in riƙa zuwa ranar Asabar, za ka wanke mini ita da baki.

Haka muka yi har na yi aure, har makon da ya gabaci rasuwarka. Ka haɗa gahawa, ka yanka mini rogo dafaffe, ka lumshe ido, ka ba ni abu ɗaya. Ba ka taɓa ba ni biyu a rana ɗaya ba, kuma ba ka faɗin abin da ba ka tabbata ba. Tana da wushirya. Girarta ta hagu ta fi ta dama ɗagawa, kamar kullum tana shakkar maganar da ake yi mata. Akwai tabon ƙuna a gefen haɓarta. Kunnenta na dama ya yage tun tana yarinya, don haka ɗan kunne ɗaya take sawa. Idan na ce, "Kawu, gashinta na sauka har gadon baya, ko?" sai ka buɗe ido ka harare ni, ka ce, "Mayar da wannan cikin littafin da kika ɗauko shi. Uwarki gajeriya ce mai ƙaton goshi, yatsunta na warin taba, kuma in ta shigo wuri kowa sai ya gyara zama." A hankali ka kore matan bangon littafi ɗaya bayan ɗaya, ka bar mini mace ta gaske.

Abu ɗaya ka hana ni, idanunta. Duk lokacin da na tambaya sai ka ce, "Ganin ƙarshe da na yi musu sosai, suna cikin canjawa ne. Ba zan ba ki na wata in ce nata ne ba." Shi ya sa ko a mafarki, idan ta zo mini, takan zo da komai nata, da wushiryar da tabon da ɗan kunne ɗaya, amma kanta a sunkuye, kamar kai.

Saboda haka da Ubaldo ya ce ka tafi, abin da ya faɗo mini shi ne gwangwanin. Na san abin da ke tafe. Bayan an binne mutumin gidanmu sai a shiga kwanakin asheshe, a raba shi da duniya. Ranar ƙarshe a tara duk abin da ya shafe shi da orisha, a tambayi wuri a kan kowanne: wannan zai zauna, ko zai bi mai shi? Abin da zai bi shi a fasa, a yaga, a ƙulle a kaya ɗaya, maza su fita da shi, ba mai waiwaye.

Washegarin jana'izarka na je taya Dona Perpétua wanke-wanke. Ita 'yar coci ce tsantsa, shekara da shekaru kuna cin abinci a tebur ɗaya kuna gardama a kan lahira. Ta leƙa waje, ta buɗe firij, ta cusa mini gwangwanin cikin jaka a ƙarƙashin littafina. Ta ce, "Riƙe nan, yarinya. Shekara ashirin ina kewaye abin nan in zan ɗauki man shanu. Akwai wani a Salvador da har yanzu yake wanke irinsa. Ki je ki ga uwarki. In akwai zunubi a rubuta a kaina, ni fadan cocinmu zai yafe mini ranar Lahadi."

Na kai shi gida na sa a firij ɗinmu. Ubaldo ya buɗe zai sha ruwa, ya gan shi, ya mayar da ƙofar a hankali kamar wanda ya tarar da baƙo na barci. Ya ce, "Valdete, yanzu surukata ce a kusa da kifina?" Ban yi dariya ba. Ya zauna kusa da ni, ya ce, "In kin ce mu je, zan nemi hutu in raka ki. In kin ce mu mayar, zan raka ki. Amma ni ba zan ƙara shan ruwan sanyi ba sai kin yanke."

Kwanakin nan ban san yadda na yi su ba. Da yamma in sa fararen kaya in hau gidan Iya, in zauna cikin mata ana kaɗa tulu da ƙwarya maimakon ganga, ana kiran sunanka tare da na waɗanda suka riga ka, har da nata. Da safe in tsaya gaban firij ina sauraren ƙugin injinsa. Sau biyu ina jin ƙarar kyamararka a bayana, ƙaramar ƙaran nan kamar an karya tsinke, in juya ba kowa sai labule.

Ana gobe za a rufe asheshe na shirya ni kaɗai, na tafi tasha da jakata. Motar Salvador na tsaye ana lodi. Na riga na tsara komai a raina kamar babin ƙarshe: zan shiga shagon, a miƙo mini ambulan, in buɗe a bakin teku, iska na kaɗa mini gashi. Ina cikin layi sai na tuna abin da littafi ba zai rubuta ba. Ba ni zan fara ganinta ba. Wani mutum ne da bai san sunanta ba, a tsaye a ɗaki mai duhu, wataƙila yana tauna abu, zai ga fuskar na tasowa daga cikin ruwan magani. Ba zai rusuna ba. In Lina ce, ya riga ta gani, bayan ta ce kada a nuna wa kowa. In kuwa ba Lina ba ce, to na kai uwar kogi gaban baƙo na tuɓe mata ɗankwali. Kai da ke da ruwan maganin da ɗakin duhun, taku kaɗan daga firij ɗin, ka yi shekara ashirin kana wucewa ta gabansa. Yaron mota ya ce, "Dona, za ki shiga ne ko addu'a kike yi mana?" Na ba na bayana wuri.

Na hau tudu har gidan Iya Honorina. Na same ta a ƙarƙashin bishiya tana tsinke ganye. Na durƙusa na ce, "Albarka, Iya." Ta ce, "Allah Ya yi miki albarka." Na ajiye gwangwanin a gabanta. Ba ta ko ɗaga kai ba, ta ce, "Na san inda yake. Perpétua ba ta iya sata ba, tun muna yara. Na ƙi tambaya ne in ga ko zai dawo da ƙafarsa."

Da gari ya waye aka shimfiɗa kayanka a kan farin ƙyalle. Iya ta zauna da faifan wurinta, ta riƙa ɗaukar abu ɗaya ɗaya tana tambaya. Duwatsun wuyanka za su bi ka, aka tsinke su. Farar hularka da rigarka ta biki za su bi ka, aka yaga. Kujerarka za ta zauna. Akwatunan hotuna za su zauna a hannun gida. Kyamara za ta zauna, na ji numfashin mutane ya sauka. Sai aka zo kan gwangwanin.

Kawu, na yi roƙo a zuciyata irin wanda ban taɓa yi ba. Na ce ko da ba za a wanke ba, a bar mini shi, in riƙa jin ƙugin firij ina sanin tana ciki. Iya ta zuba wuri, ta duba. Ta tattara ta sake zubawa, abin da ba ta yi wa sauran kayan ba, kuma na san don ni ta yi. Ta daɗe tana kallonsu. Sa'an nan ta ce, "Zai bi shi. Amma ba a fasa wannan ba, ba a buɗe shi ga rana. Kogi za a kai shi yadda yake."

Ban san na yi ƙara ba sai da na ji hannun Ubaldo a kafaɗata. Iya ta yafito ni. Ta yanke tef ɗin da kanta, ta ɗauko fim ɗin a naɗe cikin takardarsa, ta sa mini a tafin hannu, ta rufe yatsuna a kai. Ɗan ƙaramin abu ne, bai kai tsawon yatsana ba, ba nauyi, da sauran sanyi a jikinsa. Ta bar ni na riƙe har ya ɗauki ɗumin hannuna. Sai ta sunkuyo ta ce mini a kunne, yadda ba wanda ya ji, "Me kike wa kuka? Kin taɓa ganin Deraldo ya nuna hoto kafin mai shi ta gani? Kai mata zai yi."

Na buɗe hannuna. Maza suka ɗauki kayan suka fita ta ƙofar baya, mu kuma muka juya fuska ga bango har sawunsu ya ɓace.

Tun daga ranar ƙarar kyamarar ta daina bin bayana, Ubaldo ya koma shan ruwan sanyi. Amma Asabar na yi mini tsawo. Wadda ta wuce, da azahar, na zauna a bakin taga, barci ya ɗauke ni a zaune. Na gan ka a bakin kogi, wajen matakalar masu wanki, da farar hularka ba yagewa ko ɗaya. Kana tsaye hannuwanka a baya, kamar yadda kake yi in ka kai wa mutum hotonsa kana jiran hukunci. A gabanka wata gajeriyar mace mai ƙaton goshi da ɗan kunne ɗaya ta ajiye kwandonta, tana riƙe da takarda da hannu biyu, ta sunkuya a kanta. Ta daɗe tana dubawa. Na ga girarta ta hagu ta ɗaga. Na ga kafaɗunta sun fara rawa, irin rawar dariya, dariyar mutum. Ta fara ɗago kai, sai mai sayar da kifi ya busa ƙahonsa a ƙarƙashin tagarmu.

Ban sani ba ko ta ce ka yaga. Idan ta ce haka, na san ka yaga, kuma ban yi fushi ba. Idan kuwa ya yi mata, Kawu, ga roƙona na ƙarshe gare ka, kai da ba ka taɓa ba ni abu biyu a rana ɗaya ba: saura abu ɗaya. Ka ce mata in ta sake zuwa ta ɗago kai.

Ina miƙa ta'aziyyata ga Dona Perpétua, wadda yanzu take dafa abincin mutum biyu ta rasa wanda za ta yi wa faɗa; Allah Ya ba ta haƙuri, Ya saka mata da alheri a kan satar da ta yi domina. Ina yi wa Iya Honorina ta'aziyya, da makaɗan gidanmu da ke kallon kujerar da ba kowa a kanta, da dukan 'ya'yan gida na kusa da na nesa. Haka kuma Dona Zefa da matan bakin gada, da masu naɗin taba na tsallake, da duk wanda ya taɓa tsayawa a gabanka ka rusuna masa.

Allah Ya jiƙan ka, Kawu Deraldo. Ya yafe maka kurakuranka, har da wanda yatsanka ya yi ba da saninka ba, idan ma kuskure ne. Yadda ka rufa wa mutane asiri, ka ƙi nuna fuskar kowa ba da yardarsa ba, Allah Ya rufa naka. Ya sa ƙasa ta yi maka sauƙi, magabata su karɓe ka da fara'a, ruwan da ya ɗauki saƙonka ya kai shi inda aka aike shi. Ya jiƙan Aurelina, Ya sa ka same ta, Ya sa hoton ya yi mata kyau.

Valdete, 'yar Lina
Cachoeira, Bahia